Malam Muhammadu al-Kashinawi, masanin hisabi na ƙasar Katsina

Wanda ya tashi daga Madarunfa ya yi kudu, ya bi ta Ɗan Isa da Jibiya, kafin ya cika kilomita 100 ya shiga birnin Katsina. A yau akwai iyaka da ƴan duwan a tsakani, amma a ƙarni na 18 ƙasa guda ce ƙarƙashin sarki guda. Sai bayan da birnin ya faɗa hannun masu jihadi a shekara ta 1807 ne sarakunan Haɓe suka yo arewa, har Ɗan Kasawa ya kafa sarautarsa a Maraɗi wajen shekara ta 1819. Domin haka malaman tsohuwar Katsina gado ne na mutanen Maraɗi da Madarunfa, daidai da yadda suke gado ga ƴan'uwansu na ƙetaren iyaka.

Cikin waɗannan malamai akwai wanda sunansa ya fi sanuwa a ɗakunan karatu na Alƙahira da Landan bisa ga yadda aka san shi a gida. Shi ne Muhammadu ɗan Muhammadu, Bafillace, wanda Larabawa suka yi wa laƙabi da al-Kashinawi, watau Bakatsine. Ya rasu a Misra a shekara ta 1741. Ya bar littattafai a kan nahawu da mantiƙi da taurari, amma abin da ya sa masana lissafi suke ambatonsa har yanzu shi ne yadda ya shimfiɗa ƙa'idojin cika hatimi da lambobi, mataki bayan mataki, ta yadda duk wanda ya bi su ba zai ɓata ba. Irin wannan shimfiɗa ita ce ainihin sana'ar masu rubuta wa kwamfuta umurni, shi ya sa tarihinsa ya cancanci a karanta shi a wannan zamani.

KATSINA DA MALAMANTA

Malam Muhammadu ya tashi tsakanin ƙarshen ƙarni na 17 da farkon na 18. A lokacin Katsina tana cikin ganiyarta. Ayarin raƙuma suna shigo mata daga Agadas da Gadamus da Tarabulus, suna kawo tufafi da gishiri da takarda, suna komawa da fata da sauran hajar ƙasa. Tare da haja kuwa littattafai suke zuwa. Tun ƙarshen ƙarni na 15 Shaihu al-Magili ya ratso Kano da Katsina, kuma a ƙarni na 17 aka yi Wali Ɗan Marina da Wali Ɗan Masani, wanda ya rasu a shekara ta 1667. Hasumiyar Gobarau, wadda ke tsaye har yau, shaida ce ta wancan zamani. Cikin laƙubban Malam Muhammadu har da wanda ya danganta shi da Ɗan Ranko, wani garin malamai na kudancin ƙasar Katsina.

Mafi yawan labarin rayuwarsa ya zo ne ta hannun marubucin tarihin Misra, Abdurrahman al-Jabarti, wanda ya samo shi daga takardun da malamin ya rubuta a kan shaihunansa. An ambaci huɗu daga cikinsu. Akwai Shaihu Muhammadu al-Wali na Bagirmi, a cikin ƙasar Cadi ta yau, wanda ya shahara da ilimin tauhidi. Akwai Shaihu Hashim, da Shaihu Muhammadu Fudu, da Shaihu Muhammadu Bindu.

Shaihu Fudu shi ne wanda ƙofar karatu ta fara buɗe masa a hannunsa. Ya lazimce shi wajen shekara 4, a gida da kan hanya, yana ɗaukar nahawu da sarfu da lugga. Ya haddace Maƙamat har ya zamana in aka faɗi kalma guda daga ciki, nan take sai ya kawo wadda ta gabace ta ba tare da dogon tunani ba. Saboda haka malaminsa ya riƙa kiransa da sunan littafin. Da ya ƙware a nahawu kuma sai ya sake masa laƙabi da Sibawaihi, babban malamin nahawun Larabci na ƙarni na 8.

A wajen Shaihu Bindu ya ɗauki ilimin haruffa da na hatimai, da hisabi, da sanin lokuta bisa tafarkin malaman Magrib. Sanin lokuta fanni ne mai bukatar lissafi ƙwarai, domin da shi ake gane shigar lokacin salla da tsayuwar wata da fuskar alƙibla, a zamanin da babu agogo a hannun kowa. Ban da waɗannan ya karanta usulu da balaga da mantiƙi, ya saurari Buhari, ya bi mafi yawan Muhtasar na Shaihu Halil, da littattafan aƙida na Shaihu Sanusi. Duk wannan karatu a ƙasashen baƙar fata ya yi shi, tun bai taka ƙasar Larabawa ba.

ZANEN ARO BA YA RUFE KATARA

Akwai wata ɗabi'a tasa da ya kamata kowane mai neman ilimi ya sani. Malam Muhammadu ya lissafa cikin ni'imomin da Allah ya yi masa cewa bai taɓa yin karatu da littafin aro ba. In ya so karanta littafin da ba shi da shi, sai ya zauna ya kwafe shi da hannunsa tun daga farko har ƙarshe. Yana rubutu yana barin fili mai faɗi tsakanin layuka, domin ya riƙa sa bayanin da ya samu a sharhi, ko wanda ya ji daga bakin malami sa'ad da ake biya masa. In hali ya yi kuwa, har sharhin da hashiyarsa yakan kwafe.

Mai karatu ya tuna cewa a wancan lokaci takarda daga hayin hamada take zuwa a bayan raƙumi, kuma da tsada ake sayenta. Tawada da alƙalami mutum shi ke haɗa abinsa. Kwafe littafi guda yana iya cin watanni. Amma wanda ya rubuta littafi da hannunsa ya bi ta kan kowane harafi, ya san inda magana ta sarƙe da inda ta warware. Wannan horo shi ya gyara masa alƙalami, har daga baya ya iya rubuta wa waɗansu abin da za su bi ba tare da malami yana zaune kusa da su ba.

HANYAR GABAS

Da ya ga ya ɗebi abin da zai iya ɗiba a gida, sai ya nemi izinin malaminsa ya kama hanyar hajji. Shi da kansa ya bayyana cewa ba wahala ce ta fitar da shi ba, domin yana zaune lafiya cikin iyalinsa da wadata. Ƙishirwar ilimi ce ta sa ya musanya hutu da baƙunta, ya yarda da haɗarin hanya. Alhazan wancan zamani da ƙafa da jaki da raƙumi suke tafiya. Waɗansu su bi ta Barno su haura Fezzan su faɗa Misra, waɗansu su yi gabas ta Bagirmi da Wadai da Darfur. Tafiyar takan ci watanni masu yawa, wani lokaci shekaru, kuma ba kowa ke dawowa ba.

Malam Muhammadu ya ratsa masarautu da dama, ya gana da sarakunansu da malamansu. Tafiya mabuɗin ilimi, in ji masu iya magana, shi kuwa haka ya ɗauke ta. A wani zango ya tarar da malami masanin ilimin ramli, sai ya sauke kaya ya zauna wata 5 yana karatu a wajensa, har da waɗansu littattafan hisabi. Ya kuma rubuta labarin abin da ya gani a wannan tafiya.

Ya yi aikin hajji a shekara ta 1142 ta hijira, watau 1730, sa'an nan ya zauna a Makka na wani lokaci yana karatu da rubutu. Daga can ya wuce Alƙahira, ya sauka a unguwar Darbul Atrak, kusa da masallacin Azhar. A nan ya haɗu da Shaihu Hasan al-Jabarti, mahaifin marubucin tarihin da aka ambata. Shaihu Hasan babban malami ne na fiƙihu da ilimin taurari, kakanninsa kuwa daga gabashin Afirka suka fito, kuma gidansa matattara ce ta masu neman ilimin lissafi. Duk da matsayinsa, ya zauna gaban baƙon da ya zo daga Katsina ya ɗauki ilimin hatimai da lissafin haruffa da lambobi a wajensa.

ABIN DA YA RUBUTA

A Makka ya fara littafinsa mafi girma, Ad-Durrul Manzum, a kan taurari da ɗalasimai. Ya tsara shi da gabatarwa da sassa 5 da rufewa, ya kuma gama tsabtace shi a Misra cikin watan Rajab na shekara ta 1146 ta hijira, watau tsakanin ƙarshen 1733 da farkon 1734. An buga wannan littafi a Alƙahira a ƙarni na 20. Ya yi waƙe a kan mantiƙi mai suna Minahul Ƙuddus, ya kuma yi masa sharhi mai kauri. Ya rubuta Bulugul Arab a kan nahawu.

Littafin da ya shafi lissafi kai tsaye shi ne Bahjatul Afaƙ, wanda ya rubuta wajen shekara ta 1732. Cikakken sunan littafin yana ɗauke da manufarsa, watau warware abin da ya rikice da buɗe abin da ya kulle a ilimin haruffa da hatimai. Gabatarwarsa babi 3 ce, gangar jikinsa babi 5. Akwai kwafinsa na rubutun hannu a makarantar nazarin ƙasashen Gabas da Afirka ta jami'ar Landan.

Masu wannan fanni sun ɗauka cewa akwai asirai na Ubangiji cikin haruffa da lambobi, domin haka suke ɓoye shi ga wanda ba su amince da shi ba. Malam Muhammadu ma ya hori almajiri da ya yi aikinsa a keɓe, kuma kada ya karaya in abu ya ƙi fita. Malamai sun daɗe suna saɓani a kan halaccin amfani da hatimi wajen laya da neman biyan bukata, wannan kuwa magana ce ta masana shari'a. Lissafin da ke cikin hatimin shi babu saɓani a kansa, gama 4 da 9 da 2 in an haɗa su 15 ne a Katsina, 15 ne a Misra.

YADDA AKE CIKA HATIMI

Hatimi zane ne mai kusurwa huɗu wanda aka raba gida gida, tsawo da faɗi daidai. Ana zuba lambobi a gidajen, daga 1 har zuwa adadin gidajen duka, ba a maimaita ko ɗaya. Sharaɗin shi ne kowane layi, a kwance ko a tsaye ko daga kusurwa zuwa kusurwa, jimlarsa ta zama ɗaya. Mafi ƙanƙanta shi ne mai gida 3 a kowane gefe, wanda almajirai da yawa suka sani:

4 9 2
3 5 7
8 1 6

Kowane layi a nan 15 ne. Mutum yana iya dacewa da wannan ta hanyar gwaji. Amma mai gida 5 a gefe gidajensa 25 ne, mai 9 kuwa 81, kuma wanda ya ce da gwaji zai cika su zai tsufa bai gama ba. Dole sai da ƙa'ida.

Malam Muhammadu ba shi ne ya fara wannan fanni ba. Mutanen Sin sun san hatimi mai gida 9 tun zamanin da. Abul Wafa al-Buzjani ya yi rubutu a kansa a Bagadaza a ƙarni na 10, al-Buni kuma ya yaɗa shi a ƙarni na 13. Wani jakadan Sarkin Faransa, Simon de la Loubère, ya kawo wa mutanen ƙasarsa wata hanyar cika shi a littafin da ya fitar a shekara ta 1691 bayan ya dawo daga Siyam. Aikin malamin Katsina shi ne tattara hanyoyi daban daban na cika hatimi mai adadin wutiri, watau wanda ba ya rabuwa biyu daidai kamar 3 da 5 da 7, da bayyana su a fili tare da misalai.

Ga wata hanya mai sauƙi daga cikin waɗanda malaman Larabci na wannan fanni suka sani, domin mai karatu ya gwada da alƙalaminsa. Da fari, a sa 1 a gidan da ke ƙarƙashin gidan tsakiya. Na biyu, kowace lamba mai zuwa a sa ta a karkace, watau a sauka layi ɗaya kuma a matsa gida ɗaya wajen dama. Na uku, in an fita ta ƙasa sai a shigo ta sama, in an fita ta dama sai a shigo ta hagu, kamar dai an naɗe takardar bakinta ya haɗu. Na huɗu, in aka tarar gidan da za a shiga da lamba a ciki, sai a koma kan lambar da aka rubuta ta ƙarshe, a sauka gida biyu a miƙe, a ci gaba daga nan. Wanda ya bi waɗannan a kan gida 25 ga abin da zai samu:

11 24 7 20 3
4 12 25 8 16
17 5 13 21 9
10 18 1 14 22
23 6 19 2 15

Kowane layi 65 ne. In aka yi mai gida 7 a gefe za a sami 175, mai 9 kuwa 369. Abin lura a nan shi ne mai cikawa ba ya bukatar ya san dalilin da ya sa abin yake fita. Yaro ɗan firamare da shaihin malami in suka bi matakan nan huɗu, hatimi iri ɗaya za su samu. Hikimar tana wajen wanda ya tsara matakan, bai bar wata kafa ba wadda mai bi zai tsaya yana tambaya.

RASUWARSA

Malam Muhammadu bai sake ganin Katsina ba. A ƙarshen rayuwarsa ya koma gidan Shaihu Hasan al-Jabarti, a can kuma ajali ya same shi a shekara ta 1154 ta hijira, watau 1741. Kafin ya cika ya naɗa mai masaukinsa wasiyyi a kan dukiyarsa da littattafansa. Shaihu Hasan ya rufe shi a Bustanul Ulama, watau lambun malamai, cikin maƙabartar Mujawirin ta Alƙahira, ya gina alama a kan kabarin, ya sa aka rubuta sunansa da shekarar rasuwarsa.

Abdurrahman al-Jabarti bai riski malamin ba, gama sai bayan fiye da shekara 10 da rasuwarsa aka haife shi. Takardun da mahaifinsa ya adana su suka ba shi labarin, shi kuma ya sa shi cikin manyan malaman da ya kawo tarihinsu, ya yabe shi da zurfin sani a fannoni masu yawa. Da amanar nan ta faɗa hannun wanda bai san darajar takarda ba, da gara ta cinye sunan Malam Muhammadu tare da littattafansa. A shekara ta 1973 wata malamar lissafi ta Amurka, Claudia Zaslavsky, ta fitar da littafi a kan lissafin mutanen Afirka, ta kawo aikinsa a ciki, daga nan sunansa ya shiga makarantun boko na ƙasashe da dama.

DAGA ALƘALAMI ZUWA NA'URA

Jerin matakai irin na cika hatimi Turawa suna kiransa algoritim, sunan kuwa daga al-Khuwarizmi aka samo shi, malamin lissafi na Bagadaza a ƙarni na 9. Kwamfuta, wadda ma'aikatan ƙasar nan suka fi sani da sunanta na Faransanci, ba ta san komai ba sai bin irin wannan jeri. Tana da sauri, ba ta gajiya, amma ba ta da hankalin cike giɓi. In aka manta aka ƙi gaya mata abin da za ta yi sa'ad da ta fita ta bakin hatimi, sai ta tsaya ta ce akwai kuskure a layi kaza.

An fi ganin wannan a fili a ƙananan kwamfutocin gida na farko. A shekara ta 1981 kamfanin Sinclair na Ingila ya fitar da ZX81, a 1982 aka fitar da Commodore 64 a Amurka, a Faransa kuma Thomson ya fitar da TO7 a 1982 da MO5 a 1984. A 1985 gwamnatin Faransa ta rarraba na'urorin Thomson a makarantunta. Siffarsu kamar keken rubutu ce. Ana haɗa su da akwatin talabijin domin a ga rubutu, ana kuma adana aiki a kaset irin wanda ake sauraren waƙa da wa'azi da shi.

Kowace na'ura tana da babbar manhaja wadda take tafiyar da ita, kamar wakilin gida: ita ke karɓar abin da aka danna, ta nuna shi a talabijin, ta kula da kaset. A mafi yawan waɗannan ƙananan na'urori an dasa ta ne a cikin jikinsu tare da harshen BASIC, wanda John Kemeny da Thomas Kurtz suka ƙirƙiro a Amurka a shekara ta 1964 domin ɗalibai. Da an kunna na'urar sai ta nuna a shirye take, ta tsaya tana jiran umurni. Na'urori masu faifai su kuwa daga faifan suke ɗauko babbar manhajarsu, kamar CP/M ta Gary Kildall ta 1974, ko MS-DOS da ta zo da kwamfutar IBM a 1981.

Ga matakan nan huɗu na hatimi da harshen BASIC irin na Commodore 64 ko MO5. Harafin N adadin gidajen gefe ne, L layi, G gida, K kuma lambar da ake rubutawa:

10 INPUT N
20 DIM H(N,N)
30 L=(N+3)/2 : G=(N+1)/2
40 FOR K=1 TO N*N
50 H(L,G)=K
60 IF K/N=INT(K/N) THEN L=L+2 : GOTO 80
70 L=L+1 : G=G+1
80 IF L>N THEN L=L-N
90 IF G>N THEN G=G-N
100 NEXT K

Layi na 10 yana tambayar girman hatimi, na 20 yana zana gidajen a ƙwaƙwalwar na'ura, na 30 yana nuna gidan da ke ƙarƙashin tsakiya. Layi na 70 shi ne tafiya a karkace, na 80 da na 90 su ne shigowa ta ɗaya bakin. Layi na 60 shi ne sauka gida biyu, domin hanya tana toshewa ne daidai bayan kowace lamba da N ya raba ta ba saura, kamar 5 da 10 da 15 a hatimi mai gida 25. Abin da ya rage shi ne ƴan layuka na nuna sakamako a talabijin.

Masu waɗannan na'urori sun sha irin horon da Malam Muhammadu ya sha, ko da yake ba su san shi ba. Mujallu irin su Hebdogiciel, wadda ta riƙa fita a Faransa daga 1983 zuwa 1987, suna buga umurni shafi shafi, mai na'ura kuwa sai ya zauna ya kwafe su da yatsunsa harafi harafi. In ya tsallake waƙafi guda aiki ya tsaya, sai ya koma ya binciko inda ya ɓata, ta haka kuma yake gane yadda abin yake tafiya. Wuri ma a ƙuntace yake kamar takardar ayari. Ƙwaƙwalwar ZX81 gurbi 1024 ne kacal, kowace lamba a jadawali tana cin gurbi 5, saboda haka hatimi mai gida 121 shi kaɗai zai cinye 605. Dole mai rubutu ya auna kowace kalma kafin ya sa ta. Da yawa cikin manyan masanan kwamfuta na Turai da Amurka a kan irin waɗannan na'urori suka koyi sana'arsu.

An daina ƙera su tun da daɗewa, sai a wajen masu sha'awar adana kayan da. Wayar salula da ke aljihun ɗan kasuwa a Madarunfa ta ninka su ƙarfi sau dubbai. Sai dai ita a rufe take zuwa, mai ita yana latsawa ne kawai, ba ya ganin umurnin da ke ciki balle ya gyara shi.

ABIN KOYI

Malam Muhammadu bai ƙera na'ura ba, bai kuma yi mafarkinta ba. Abin da ya mallaka shi ne tunanin da na'urar take bukata: a dubi aiki mai wuya, a rarraba shi ƙanana, a jera su, a tanadi mafita ga duk inda hanya za ta toshe. Wannan tunani ba ya jiran wutar lantarki. Wanda ya fito daga ajin yaƙi da jahilci ya iya rubuta 1 zuwa 25 yana iya fara shi yau da alli da allo. Magatakardan ƙungiyar manoma da ya rubuta yadda ake rabon taki daki daki, har wanda ya gaje shi ya bi ba tare da gardama ba, shi ma wannan aiki yake yi. Haka ma'aikacin biro da ya rubuta wa jama'a takardun da za su kawo da ƙofar da za su bi, maimakon ya riƙe sanin a cikinsa.

Akwai kuma hakkin takardun kakanni. Tun wajen shekara ta 1970 marigayi Bubu Hama ya sa aka fara tattara littattafan Larabci da na ajami na rubutun hannu, waɗanda yanzu suke ajiye a cibiyar binciken ilimin ɗan Adam ta jami'ar Abdu Mumuni a Yamai. Har yanzu akwai irinsu a gafakar malamai da ɗakunan zaure a garuruwan ƙasar Maraɗi. Wanda ya gaji irin wannan ya kare shi daga ruwa da gara, ya kuma yarda masana su ɗauki hotonsa.

Allah ya jiƙan Malam Muhammadu al-Kashinawi, ya haskaka kabarinsa, ya ba ƴaƴan ƙasar nan himma irin tasa.